Takardar Abuja Ko Ta Jiha: Wa Ya Dace Ya Yi Wa Sabon Kasuwanci Rajista?

A birnin Wilmington na jihar Delaware da ke Amurka akwai wani gini maras tsayi a lamba 1209, titin North Orange. Mai wucewa ba zai waiwaye shi ba, domin ba shi da abin kallo. Amma a 2012 jaridar New York Times ta ruwaito cewa kamfanoni kusan 285,000 ne ke amfani da shi a matsayin adireshinsu na doka, ciki har da Apple da Google da Coca-Cola da Walmart. Babu wanda ke haɗa waya ko dura lemo a cikin ginin. Takardu kawai ake karɓa a madadin masu su.

Dalilin wannan abin mamaki shi ne, a Amurka ba gwamnatin tarayya ke yi wa kamfani rajista ba. Kowace jiha a cikin 50 ɗin tana da dokarta da ofishinta da farashinta, kuma mai jari yana da 'yancin zaɓar inda yake so a yanke wa kamfaninsa cibiya, ko da bai taɓa taka ƙafarsa can ba. Delaware, wadda mutanenta ba su wuce miliyan ɗaya da 'yan kai ba, tana da kamfanoni masu rajista fiye da miliyan 2. Kusan kashi biyu bisa uku na manyan kamfanoni 500 da mujallar Fortune ke jerawa a can takardunsu suke.

A Najeriya abin ya sha bamban, duk da cewa daga Amurka aka kwaikwayo tsarin shugaban ƙasa da gwamnoni. Kundin tsarin mulki na 1999 ya sanya kafa kamfani da kula da shi da rushe shi a abu na 32 cikin jerin abubuwan da Majalisar Tarayya kaɗai ke da hurumin yi wa doka. Saboda haka telan Fagge da mai sayar da taki a Funtuwa da mai kamfanin siminti duk ƙofa ɗaya suke ƙwanƙwasawa, wato Hukumar Rajistar Kamfanoni, CAC, wadda dokar kamfanoni ta 1990 ta kafa, hedikwatarta kuma tana Abuja. Idan rigima ta taso kan yadda ake tafiyar da kamfani, Babbar Kotun Tarayya ce ke saurara, ba kotun jiha ba.

Ba wai hannun jiha ya fita gaba ɗaya ba. Ƙungiyoyin gama-kai a jiha ake yi musu rajista, kundin ma ya keɓe su a fili. Jiha ce ke rajistar wurin kasuwanci, kuma dokar haraji ta 1998 ta ƙayyade mata naira 10,000 a birni da naira 2,000 a karkara, ban da kuɗin sabuntawa na shekara-shekara. Wanda ya yi rajistar sunan kasuwanci kawai, ba cikakken kamfani ba, hukumar harajin jiharsa ce ke bin sa harajin abin da ya samu. A taƙaice dai Abuja ke raɗa wa jaririn suna, jiha kuma ke jiran ya fara nema ta karɓi rabonta. Daga nan muhawarar ta samo asali: me zai hana a bar wa jiha raɗin sunan ma?

Masu son a miƙa wa jihohi wannan iko sukan fara da lissafi. Binciken da hukumar ƙananan masana'antu, SMEDAN, ta yi tare da Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ya nuna cewa a 2020 akwai ƙanana da matsakaitan sana'o'i kusan miliyan 39.6 a ƙasar, kuma mafi yawansu 'yan ƙanana ne da ba su da rajista ko ɗaya. Doka ta ce wanda ya soma kasuwanci da sunan da ba nasa na yanka ba, ya yi rajista cikin kwana 28. Duk wanda ya zaga Kantin Kwari ko Singa ko Dawanau ya karanta allunan shaguna ya san tazarar da ke tsakanin wannan doka da abin da ke ƙasa. An gwada rage farashi: a 2018 an sauko da kuɗin rajistar suna daga naira 10,000 zuwa 5,000 na wani lokaci, a 2020 kuma gwamnati ta ɗauki nauyin rajistar sunaye 250,000 kyauta. An gwada tsoratarwa: a 2024 an ba masu sana'ar POS wa'adin 7 ga Yuli su yi rajista, da aka ga ba za a cimma ba aka ɗaga zuwa 5 ga Satumba. Masu wannan ra'ayi suka ce matsalar ba ta kuɗi ba ce, ta nisa ce. Ofishin CAC na jiha yana babban birni, shafinta na intanet da Turanci yake, shi ya sa mai shago a Gwarzo ko Gumel yake ƙarewa a hannun ejan ko yaron da ke shagon kwamfuta, ya biya ninkin kuɗin hukuma, wani lokaci ma lambar wayar ejan ɗin ce ke kan takardunsa ba tasa ba. Jiha kuwa tana da ƙananan hukumomi da hakimai da sarakunan kasuwa da shugabannin layi waɗanda suka san kowace rumfa da mai ita. Da ɗan gari akan ci gari.

Hujjarsu ta biyu ta fi wannan nauyi, kuma ita ce ba a cika kawowa ba. Jihohi sukan ƙirƙiro abin da tarayya ba ta yi tunaninsa ba. Nau'in kamfanin nan da ya mamaye Amurka a yau, wanda ake kira LLC, mai kare dukiyar gidan mutum daga bashin kasuwancinsa ba tare da ɗawainiyar babban kamfani ba, jihar Wyoming ce ta fara yi masa doka a 1977, sauran suka bi sahu daga baya. A gida ma an ga irin haka. Jihar Legas ta gyara dokarta ta haɗin gwiwar kasuwanci a 2009, ta ba abokan kasuwanci damar yin rajistar haɗaka wadda bashin da ke kanta ba ya bin kowannensu har gida. Sai bayan shekara 11, da Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu kan sabuwar dokar kamfanoni a ranar 7 ga Agusta, 2020, sannan wannan tsari ya zama na ƙasa baki ɗaya.

To, idan Legas ta iya yin doka daidai da lauyoyinta da masu zuba jarinta, me zai hana Kano ko Katsina ta yi daidai da 'yan kasuwarta? Ginshiƙin kasuwancin ƙasar Hausa tun zamanin fatake shi ne ubangida ya ba yaronsa jari, yaro ya juya, a raba riba bisa yarjejeniya, idan aka faɗi ba tare da sakaci ba kuwa asarar ta mai dukiya ce. Malaman Malikiyya suna kiran wannan ƙiradi, bankunan Musulunci kuma suna cewa mudaraba. Dubban shaguna suna tafiya a kan wannan tsari, amma galibi da baka ake ƙulla shi, sai ranar da ubangida ya rasu magada su zo da nasu lissafin, yaron shago ya zo da nasa. Dokar jiha da za ta ba da fom guda da Hausa, wanda zai rubuta wane ne mai jari, wane ne mai juyawa, nawa ne kason kowa, kuma alƙalin da ke rabon gado ya yarda da shi, za ta kashe rigingimu da yawa tun ba su kai zaure ba. Ba a tsammanin majalisar da ke yi wa jihohi 36 doka ɗaya za ta zauna ta tsara wannan.

Sai kuma gasa. Delaware ba da arha kawai ta ja kamfanoni ba. Tana da wata kotu ta musamman da aka kafa tun 1792, wadda alƙalai ƙwararru a harkar kamfanoni ke yanke hukunci a cikinta ba tare da taron masu taya alƙali ba, kuma hukunce-hukuncen da suka taru sun sa lauya yana iya faɗa wa mai jari inda shari'a za ta faɗi tun kafin a shiga. Jihar tana samun kusan dala biliyan 2 a shekara daga kuɗin kamfanoni, abin da ya kai kashi ɗaya bisa huɗu na kuɗin shigarta ko fiye, don haka ba ta wasa da su. Masu goyon bayan jihohi suna ganin gwamnan da ya san kamfani zai iya tattara takardunsa ya koma maƙwabciyar jiha, dole ya gyara ofishinsa da kotunsa. Suna kuma nuna cewa iska ma can ta nufa: a Maris na 2023 an gyara kundin tsarin mulki aka ba jihohi dama a harkar lantarki da jirgin ƙasa da gidajen gyaran hali, a Nuwamban 2024 kuma Kotun Ƙoli ta ce sha'anin caca na jihohi ne ba na tarayya ba.

Ɗaya ɓangaren ba su musanta ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Cewa suka yi a karanta tarihin Delaware daga farko.

Kafin Delaware, New Jersey ce uwar kamfanoni a Amurka, saboda ta sassauta dokokinta a ƙarshen ƙarni na 19 har kamfani ya iya mallakar wani kamfani. Delaware ta kwafi dokar kusan gaba ɗaya a 1899. Da gwamnan New Jersey, Woodrow Wilson, ya matsa aka tsaurara dokoki a 1913 don taka wa masu babakere burki, sai kamfanonin suka tsallaka kogi suka koma Delaware. Darasin da kowace jiha ta ɗauka shi ne duk wadda ta tsananta za ta wayi gari ba kowa a rumfarta. A 1933 alƙalin Kotun Ƙolin Amurka, Louis Brandeis, ya rubuta cewa tseren da jihohi ke yi na sakaci ne ba na ƙwazo ba. A 1974 William Cary, wanda ya taɓa shugabantar hukumar kula da hannun jari ta ƙasar, ya kira abin tsere zuwa ƙasa. Wasu masana irin su Ralph Winter da Roberta Romano sun mayar da martani cewa masu hannun jari ba wawaye ba ne, ba za su zuba kuɗi a kamfanin da ya yi rajista inda za a cuce su ba. Shekara 50 ke nan ana wannan ja-in-ja, sai ga Elon Musk ya kawo misali da rana tsaka. A Janairun 2024 alƙaliya Kathaleen McCormick ta kotun Delaware ta soke ladan da kamfanin Tesla ya yanka masa, wanda darajarsa ta kai kimanin dala biliyan 56. Musk ya fito yana gargaɗin mutane kada su yi rajista a Delaware, a watan Yuni kuma masu hannun jarin Tesla suka amince a mayar da rajistar kamfanin Texas. Kafin a cika shekara da wannan ƙaura, a Maris na 2025, majalisar Delaware ta gyara dokarta ta sauƙaƙa wa masu rinjayen hannun jari. Masu suka sun laƙaba wa gyaran suna dokar attajirai. Idan haka ta faru a jihar da ke da kotu mai shekara fiye da 200, ba sai an yi dogon tunani ba kan abin da zai faru a jihar da attajiri guda zai iya kiran kakakin majalisa a waya ya ɗauka a bugun farko.

Akwai kuma batun ɓoye fuska. Shekara da shekaru mutum yana iya kafa kamfani a Delaware ko Wyoming ko Nevada ba tare da an rubuta sunan ainihin mai shi a ko'ina ba. Viktor Bout, dillalin makaman nan ɗan Rasha da ya shahara a yaƙe-yaƙen Afirka, ya yi amfani da adireshin Delaware. Babu jihar da ta yarda ta fara neman sunayen ainihin masu kamfani, don kada ta kori abokan ciniki, har sai da majalisar tarayya ta yi doka a 2021, ita ma a 2025 aka cire kamfanonin cikin gida daga ƙarƙashinta. Najeriya a wannan fage ta riga Amurka: dokar 2020 ta wajabta bayyana duk mai iko na haƙiƙa a kamfani, a Mayun 2023 kuma CAC ta buɗe rajistar da kowa zai iya dubawa. Ƙasar da aka sa a jerin waɗanda ake sa wa ido kan safarar kuɗin haram a Fabrairun 2023, ba ta fita ba sai a Oktoban 2025, ba za ta so ta raba wannan littafi gida 37 ba. Ɗan kwangilar da ya ci kuɗin asibiti a jiha guda zai so ƙwarai a ce takardun kamfaninsa suna cikin durowar wani ofishi a wata jiha.

Hujjar da ta fi shafar ɗan kasuwar Kwari ita ce wadda masu sha'awar tsarin Amurka suka fi mantawa da ita. A can, kamfanin da ya yi rajista a wata jiha amma yake aiki a wata, a jiha ta biyun baƙo ne, dole ya sake yin rajista ya sake biya. Mai ƙaramin kamfani a Kalifoniya da ya ruga Delaware neman sauƙi, sai ya biya Delaware harajinta na shekara-shekara, ya biya wakilin da ke karɓar masa takardu a can, sannan Kalifoniya ta karɓi dala 800 ɗinta kamar yadda ta saba. Shi ya sa lauyoyin can sukan shawarci mai gidan abinci ko mai gyaran mota ya yi rajista a jiharsa kawai. Gasar ta manya ce. A ɗora wannan a kan Najeriya: mai hatsi a Dawanau da ke da rumbu a Legas da wakili a Onica, a yau takarda ɗaya ta ishe shi daga Illela har Kalaba. Ranar da rajista ta koma jiha, kowace jiha za ta ƙirƙiro kuɗin baƙon kamfani, kuma duk direban da ya ɗauko shanu daga Mai'aduwa zuwa kudu ya san yawan rasit da sitika da ake sayar masa a hanya tun yanzu ma. Ga ciwon ɗan asalin jiha. Takardar CAC ba ta nuna ko mai ita Bahaushe ne ko Ibo. Takarda mai tambarin jiha kuwa za ta nuna, kuma akwai ranakun da mutum ba ya son a gane daga inda ya fito.

Sannan jihohi suna da wata rajista a hannunsu tun tuni, wadda za a iya auna su da ita. Dokar filaye ta 1978 ta danƙa ƙasa a hannun gwamnoni, kuma duk wanda ya taɓa bin takardar mallakar fili ya san yadda fayil ke kwana a ofis har ya yi ƙura, ya san labarin fili ɗaya mai takarda biyu. Wasu jihohi, irin su Kaduna da Kano, sun kafa hukumomin da ke mayar da bayanan filaye cikin kwamfuta, an kuma samu sauƙi, amma bayan shekara kusan 40 da karɓar aikin. Juma'ar da za ta yi kyau tun daga Laraba ake gane ta.

Wasu ƙasashen ma baya suka yi da tsarin jihohi. A Ostireliya kowace jiha ta daɗe da dokar kamfanoninta, har babbar kotun ƙasar ta yanke a 1990 cewa tarayya ba ta da ikon kafa kamfani. Jihohin da kansu suka gaji da rikicin, suka miƙa ikon, aka yi doka ɗaya a 2001. Maƙwabtanmu sun wuce nan: Nijar da Chadi da Kamaru suna cikin ƙasashe 17 da ke aiki da dokar kasuwanci guda a ƙarƙashin yarjejeniyar OHADA ta 1993, ta yadda nau'in kamfanin da aka kafa a Maraɗi shi ne wanda aka sani a Garwa da Abidjan.

Mai wannan rubutu yana ganin ɓangarorin biyu ba abu ɗaya suke jayayya a kai ba. Masu son jiha suna magana ne kan mai shayi da tela da mai POS, waɗanda abin da suke nema shi ne takardar da banki zai karɓa ya buɗe musu asusu da sunan shago, ko su shiga layin tallafi. Masu son tarayya suna magana ne kan kamfani mai iyakantaccen alhaki, wanda doka ta mayar mutum mai zaman kansa, yana cin bashi, yana karɓar kwangila, yana wanzuwa bayan mai shi ya mutu. Na biyun gata ne babba da hukuma ke bayarwa, kuma wanda ya bi kamfani bashi a Sakkwato yana da haƙƙin ya duba littafi guda ya ga masu shi. A nan hujjar tarayya ta fi ƙarfi nesa ba kusa ba. Rajistar suna kuwa ba ta raba mutum da bashinsa, sanarwa ce kawai cewa wane ne ke bayan wannan allo, kuma ko a Amurka sau da yawa a ofishin gunduma ake yin ta. Babu dalili mai ƙarfi da zai sa sai ta bi ta shafin Turanci da hannun ejan.

Kanada ta bar ƙofofi biyu a buɗe, mai kamfani ya zaɓi rajistar tarayya ko ta lardi. Yin haka a Najeriya yana bukatar gyaran kundin tsarin mulki, wato amincewar kashi biyu bisa uku na majalisun tarayya biyu da kuma majalisun jihohi 24. Abin da ba ya bukatar wannan doguwar hanya shi ne littafin ya zauna guda a hannun CAC, jiha kuma ta zama ƙofar shiga: tebur a sakatariyar kowace ƙaramar hukuma da ofishin kowace babbar kasuwa, fom da Hausa, ma'aikacin da zai shigar da bayanan da lambar wayar mai shagon, a haɗa rajistar suna da ta wurin kasuwanci a biya ɗaya da rasit ɗaya. Yarjejeniya tsakanin hukumar da ma'aikatar ciniki ta jiha ta isa a fara. Inda za a sha wuya shi ne rasit ɗin guda, domin a yanzu ƙaramar hukuma tana karɓar kuɗin rumfa da na allo, jiha tana karɓar na wurin kasuwanci da harajin samu, kuma a Kano kaɗai shugabannin ƙananan hukumomi 44 ne za a nema su saki littafin rasit ɗinsu.